Tsuntsuwar Zulai

Sadiq da Halima, wannan babin naku ne, kuma shi na fi jan ƙafa wajen rubutawa. Na rubuta na aikina, na rubuta na ginin gidanmu na Badarawa, ban sha wuya ba, don a cikinsu duka ni ne mai gaskiya. A wannan kuwa ba ni ba ne. Abin da kuka sani shi ne, a shekarar da yayarku Zulai ta rasu, Tanimu mai gyaran waya na Kinkinau ya goge wa Ummanku wani abu mai daraja a wayarta. Haka na gaya muku, haka kuka riƙe har yau. To ƙarya na yi. Tanimu gilashi kawai ya canja. Ni na yi ɓarnar da hannuna, ina zaune a kan benci, ina jin kaina gwani.

Sai na koma baya kaɗan kafin ku gane yadda dattijo mai furfura ya kai ga haka. Da na yi ritaya daga ofishin ƙididdiga, inda na ƙarar da ƙuruciyata ina ƙirga ɗalibai da kujeru da azuzuwa, likita ya ce ni da Ummanku duk sukari ya kama mu, kuma maganinmu na farko tafiya ce. Muka yi kwana huɗu muna fita, a na biyar muka samu uzuri. Zulai ce ta gaji da mu. Ta zo wata Lahadi daga wurin aikinta, ta karɓi wayoyinmu ba ta ko nemi izini ba, ta sa mana wasan nan na kamun dodanni. Dodannin ba sa zuwa har gida, sai ka taka da ƙafarka zuwa wata kwana ko gindin wata bishiya kafin su fito a fuskar waya ka kama. Na ce mata wannan aikin yara ne, ni ban yi shekara talatin da biyar a gwamnati don in ƙare da farautar aljanun waya ba. Ta ce to in bari Umma ta riga ni. Ta san ubanta. Kafin sati ya zagayo ni ke tsayawa a bakin ƙofa bayan sallar asuba ina cewa Hajiya ta yi sauri.

Ummanku tafiyar ta ɗauka, ni kuwa lissafin na ɗauka. Kowane dodo yana da lamba a kansa, wadda ake kira ƙarfin faɗa, kuma yawancin mutane ita suke bi: wanda lambarsa ta fi girma shi ne gwarzo. Ban jima ba na lura dodanni biyu iri ɗaya, girma ɗaya, lambarsu kan bambanta. Wannan ya hana ni sukuni. Na sayi littafi mai bangon kwali irin wanda muke aiki da shi a ofis, na ja layuka da rula. Ashe a ƙarƙashin lambar da ake gani akwai wasu uku a ɓoye, ta hari da ta kariya da ta juriya, kowacce daga sifiri zuwa goma sha biyar. Kuma wasan ba ya auna su daidai wa daida, hari yake fifitawa, shi yake kumbura lambar. A gasar da muke shiga kuwa an yanke iyaka, dodon da ya haura dubu ɗaya da ɗari biyar ba ya shiga fili. Saboda haka mai ƙaramin hari da babbar kariya shi ne na kirki, don za ka yi ta ciyar da shi yana girma, lambarsa ba ta tsallake iyaka ba. Ranar da na gano wannan na yi murnar da ban yi ba ranar da aka ƙara mini girma na ƙarshe.

Muna da majalisa a Unguwar Shanu, a rumfar shagon Garba tela, mu wajen takwas masu wannan wasa. Garba mutum ne mai gardama, shi dai babbar lamba. Na doke shi sau bakwai a jere da wani dodo mai kama da kunkuru wanda ya yi ta yi wa dariya. Daga ranar suka sa mini Farfesa, kowa ya kama sabon dodo sai ya miƙo mini waya in duba masa ko a ajiye ko a narkar. Narkarwa ita ce ka mayar da dodon da ba ka so, ya ɓace ke nan har abada, wasan ya ba ka tsaba ɗaya ta irinsa, wadda ake ciyar da 'yan'uwansa da ita. Ni ba na ajiye rago. Duk wanda lissafinsa bai cika ba, ko ya kai wata yana garkena, narkar da shi nake yi ban ji komai ba. Ina faɗin wannan ne don ku san ba a rana ɗaya hannuna ya saba ba.

Ummanku kuwa ba ta taɓa narkar da ko ɗaya ba. Garkenta ya cika maƙil da tarkace, har wasan ya daina bari ta kama sabo. In na yi magana sai ta ce ita ba mahauciya ba ce, abin da ta sha tafiya ta kamo ba za ta yanka ba. Na sha zaunar da ita ina yi mata bayanin hari da kariya, tana tsinar shinkafa tana cewa to, ina ganin ba ta ji ba. Abin da ban taɓa koya mata ba shi ne ɗan tauraron da ake danna wa dodo don a kulle shi, kada a narkar da shi bisa kuskure. Ban ga wanda ya cancanci tauraro a garkenta ba, shi ya sa.

A cikin tarkacen nan akwai wata 'yar tsuntsuwa ruwan toka mai jan baki. Ba a samun irinta a Kaduna. Zulai ta kamo ta a wata tafiya da ta yi Jos, ta aiko wa Ummanta kyauta ta cikin wasan. Dodon kyauta kuwa yana zuwa da rubutu a ƙasansa, sunan wanda ya kama shi da garin da aka kama shi. Na tuna ranar sarai, don na karɓi wayar na buga lissafinta a gabansu. Hari goma sha huɗu, kariya biyu, juriya uku. Na ce ban taɓa ganin abin da ya kai ta rashin amfani ba. Zulai ta yi dariya har tana riƙe ƙirji.

"Baba, ai shi ya sa na ba Umma. Irina ce, ga tsiwa ba ƙashi."

Kun san da sikila aka haife ta, kuma kun san bakinta. Bayan wata biyar ciwon ya tashi a farkon damina, bai sake ta ba. Ba zan rubuta kwanakin asibiti a nan ba, kuna wurin.

Akwai abin da ku 'yan yanzu kuke gani amma ba ku auna nauyinsa. Zulai 'yar fari ce, Ummanku kuwa tarbiyyar tsofaffin Zazzau ta samu, inda uwa ke yi wa ɗan fari kara. Tun da aka raɗa wa yarinyar nan suna ban taɓa jin sa a bakin uwarta ba. 'Yar Malam take ce mata, ko ta ce waccan. Ba ta yabonta a gaban mutane, ba ta rungumarta, ko a bikinta a ƙuryar ɗaki ta wuni. Da aka yi rasuwa ma haka ta zauna a tsakiyar mata tana amsa gaisuwa da ido a bushe, har wasu na cewa Hajiya akwai tawakkali. Ni na yi kuka a gaban kowa, aka yi ta ba ni haƙuri. Ita ba wanda ya ba ta fiye da na al'ada, don ba ta nuna tana buƙata ba. Ni mijinta na shekara talatin da uku, ni ma na ɗauka ta fi ni ƙarfi.

Bayan sadakar arba'in na koma majalisa, na faɗa cikin littafina da ƙarfin da ya wuce na da. Lambobi ba sa tambayarka ya haƙuri. Ummanku kuma ta ci gaba da fita da asuba, ko na bi ta ko ban bi ta ba. Nakan ga ta tsaya a bakin gate kafin ta fita, ta buɗe waya ta ɗan jima tana kallo, sannan ta sa ta a jaka. Na ɗauka taswira take dubawa. Ban taɓa leƙawa ba.

Wata Talata wayar ta suɓuce mata a bakin famfo, gilashin ya tsage. Na kai wa Tanimu a Kinkinau, don shi ke yi mana gyara tun yana da tebur ɗaya a bakin titi. Ranar Alhamis da hantsi na karɓo, ya kunna a gabana, komai lafiya. Maimakon in wuce gida sai na biya ta shagon Garba. Ina zaune a benci, keken ɗinkinsa na ta ƙara, sai na ce bari in yi wa Hajiya alheri, in share mata garke ta samu wurin kama sababbi. Har na gaya wa Garba, ya ce in bari ta yi da kanta, kayan mace ba a shiga. Na ce ai ni na san abin da nake yi. Wasan yana da wurin da za ka ce ya jero maka duk masu raunin lissafi. Na jero su, suka fito ɗari biyu da goma sha biyu. Ban bi su ɗaya bayan ɗaya ba, don a ganina lissafi ya riga ya yi magana. Na zaɓe su duka. Wasan ya tambaye ni ko na tabbata, ya ce abin da aka narkar ba ya dawowa. Na danna. Ban kai minti uku ba, har na ɗaga wayar ina nuna wa Garba yadda garken ya yi fes.

Da na kawo mata tana kicin, ta ce in ajiye a kan firji. Na so in ba ta labari, sai na ce bari ta gani da idonta ta yi mamaki. Washegari Juma'a bayan asuba ina ɗaura igiyar takalmi a tsakar gida, ita tana bakin gate da waya a hannu. Ta jima fiye da kullum. Sannan ta juyo, muryarta ƙasa ƙasa.

"Malam, ka ga 'yar tsuntsuwar nan?"

Kafin ta rufe baki na gane. Hari goma sha huɗu, kariya biyu, juriya uku. Ni na buga lissafin, na san tana cikin na farkon da za su fito a jerin. Kuma a nan ne, 'ya'yana, na yi abin da ya fi narkarwar muni, don ita kuskure ce, wannan kuwa da sanina na yi. Na karɓi wayar na yi ta latse-latse kamar mai nema. Na ce garken ma duk ya ragu, lalle wurin gyara ne aka taɓa wani abu, masu gyaran nan in sun buɗe waya ba a rasa abin da ke gogewa. Ta dube ni, ta karɓi wayarta, ta ce Allah ya sa haka ne mafi alheri. Ta cire mayafin ta koma ɗaki. Daga ranar ba ta sake fita tafiya ba.

Da a nan abin ya tsaya da da sauƙi. Amma kai Sadiq ka zo da yamma ka tarar Ummanka ba ta ci abinci ba, ka matsa, na sake maimaita maka ƙaryar, wannan karon har da ƙari. Ka shiga mota ka tafi Kinkinau. Halima ce ta ba ni labarin abin da ka yi, yadda ka tsaya a ƙofar shagon mutumin a gaban masu jiran gyara ka kira shi mugu, wanda bai san aikinsa ba, ka ce ya goge abin da marigayiya ta bari. Ta ce Tanimu ya yi ta rantsuwa, daga baya ya ce in dai ta hannunsa abin ya faru a yafe masa don Allah. Mutumin da bai yi komai ba ya nemi gafara, ni da na yi ina falo ina gyaɗa kai. Ba laifinka ba ne, Sadiq. Ni na ɗora maka, kai ka kai.

Na daina zuwa majalisa, don Garba ya ga abin da na yi, kuma labarin Kinkinau ya kai masa. Bai tona ni ba. Sau ɗaya muka haɗu a jana'iza, ya gaishe ni da Alhaji, bai ce Farfesa ba, na gane. A gida kuwa sai na shiga wata sabuwar wauta. Na yi ta neman wanda zai je Jos ya kamo irin tsuntsuwar, har na samu, aka aiko mini wata mai lissafi kusan cikakke. Na yi kwana biyu ina kallonta ban iya kai wa Ummanku ba, don a ƙasanta sunan wani ne can da ban sani ba. A lokacin ne na fahimci abin da take kallo a bakin gate kowace safiya. A duk gidan nan, wurin nan ne kaɗai take iya tsayawa ta kalli sunan 'yarta yadda ranta ke so, ba wanda zai ce ta yi rashin kara.

Wata takwas muka yi a haka. Sukarinta ya hau, ƙafafunta suka fara kumbura, likita ya yi faɗa ya ce me ya sa ta bar tafiya. Ta ce gwiwa ce. Ina zaune a gefenta a ɗakin likitan, na san ba gwiwa ba ce. Da muka dawo gida ana yayyafin farkon wata daminar, ta zauna a baranda tana cire safa da ƙyar. Na tsaya a kanta na ce ina da magana. Na faɗa mata duka, benci da Garba da ɗari biyu da goma sha biyu da tambayar da wasan ya yi mini. Na ce Tanimu ba shi da laifi. Ban iya kallon fuskarta ba, ƙafafun nake kallo.

Ta gama cire safar. Sannan ta ce in miƙo mata wayarta. Ta buɗe wasan da na ɗauka ta manta da shi, ta shiga shafin da ake jera kowane irin dodo da tsabarsa, ta gangara ba ta ko laluba ba, ta juyo mini da fuskar wayar. Hoton tsuntsuwar ya dushe, alamar babu ita a garke. A gefensa an rubuta tsaba huɗu.

"Uku ce da," in ji ta. "Tun ranar da aka aiko ta uku ce, kullum ina gani. Ranar Juma'ar nan na ga huɗu. Abin da ya goge wurin gyara ba ya barin tsaba, Malam. Narkarwa ce ke bari. Kai ka koya mini."

Ashe duk bayanin da nake yi tana tsinar shinkafa tana ji. Tun a bakin gate ta sani, tun kafin in gama latse-latsen ƙarya. Na tambaye ta me ya sa ba ta faɗa ba. Ta ce da wane baki, ita da ba ta taɓa nuna abin ya dame ta ba, za ta tsaya a tsakar gida tana rigima da mijinta a kan tsuntsun waya? Ta ce zuwan Sadiq Kinkinau kuwa ba ta sani ba sai da ya dawo, kuma a makon ta hau keke napep ita kaɗai ta je ta ba Tanimu haƙuri, ta ce masa an gano ba daga wurinsa ba ne. Bai tambaye ta daga ina ne ba, ita ma ba ta faɗa ba. Wato ta rufa mini asiri a wurin mutumin da na zalunta, ta dawo ta dafa mini tuwo.

Na ce ta yafe mini. Ta ce ta yafe tun tuni, don zama da abin a rai ya fi ƙarfinta. Sai ta ƙara kallon wayar, ta ce:

"Ba tsuntsuwar ba ce. Sunan Zulaihatu ne a jiki."

Wannan ne karo na farko da na ji sunan a bakinta, kuma ban sake ji ba. Ta faɗe shi a hankali, cikakke, yadda liman ya faɗe shi ranar suna. Sai ga hawayen da ba ta yi a gaban mata ba. Na zauna a ƙasa kusa da ƙafafunta.

Ta koma tafiya daga baya, da kaɗan kaɗan, ni ke riƙe mata jaka. Ni ban sake buɗe wasan ba, littafin kuma yana cikin akwatin takarduna, in kun gan shi bayan raina kada ku ɗauka wani abin kirki ne. Ita har yanzu wasan yana wayarta, ta canja waya sau biyu tana sa ki, Halima, ki mayar mata da shi, ba ki san dalili ba. Tana tsayawa a bakin gate ta buɗe shafin nan. Huɗun tana nan ba ta taɓa ta ba.

Abu ɗaya ta ce ba za ta yi mini ba, shi ne gaya muku. Ta ce wanda ya faɗi ƙaryar shi zai faɗi gaskiyar. Shekara huɗu ke nan ina ɗagawa. Sau uku ina zuwa Kinkinau, in hango Tanimu ya sunkuya a kan teburinsa da ɗan sukundireba, in wuce kamar mai neman wani shago. Har yau, Sadiq, in an ambaci sunansa a gidan nan sai ka ja tsaki, ni kuma in yi shiru.

In ka gama karanta wannan kada ka kira ni a waya. Ka zo ranar Asabar da safe ka ɗauke ni mu je. A ƙofar shagon ka yi maganarka a gaban mutane, a nan zan yi tawa. Kai dai ka tsaya kusa da ni, don na san halina, kada in sake wucewa.